Wanzami ba ya son jarfa: masu mulkinmu da hukuncin kotu

A ƙasar nan, idan alƙali ya yanke wa talaka hukunci, kafin tawadar takardar ta bushe jandarma ya tsaya a ƙofar gidansa. Ɗan kasuwar da bashi ya ci a Maraɗi ya san saurin da ake yi wajen garƙame kanti. Manomin da ya faɗi shari'ar gona a karkarar Damagaram ba a tambayarsa ko ya gamsu kafin a tashe shi. Amma idan alƙalin nan dai ya juya ya ce wa minista, ko gwamna, ko magajin gari, ko shugaban ƙasa: saki wane, biya wane, mayar da wane bakin aikinsa, sai takarda ta kama yawon ofis-ofis. Yau a ce ba ta iso ba, gobe a ce ana nazarinta, jibi a ce mai sa hannu ya yi tafiya. Hatimi ɗaya ne a kan takardun biyu, alƙali ɗaya ne ya karanta su, da sunan al'ummar Nijar aka yanke su duka. Me ya sa ɗaya take da haƙora, ɗayar kuma dasashi kawai?

Abu biyu nake son in faɗa, kuma na san kowane ɓangare zai ji zafin ɗaya daga ciki. Na farko, ƙin bin umurnin kotu ciwo ne da masu mulki suka yi ta miƙa wa juna a ƙasar nan, farar hula da soja, kuma sau da yawa wanda ya taka hukunci yana kan kujera ya dawo yana roƙon a mutunta hukunci bayan kujera ta kuɓuce masa. Na biyu, su kansu alƙalai suna da nasu kason laifi, domin sun cika yanke hukunci su rufe fayil, ba su waiwaya su auna ko an yi abin da suka ce.

Mu fara da abin da kowa ya gani da idonsa, wato tazarce. Kundin tsarin mulkin 1999 ya ƙayyade wa shugaban ƙasa wa'adi biyu, ya kuma hana a taɓa wannan ƙa'ida. Wa'adin marigayi Tandja Mamadou zai ƙare a watan Disamba na 2009. Da ya so kiran zaɓen raba gardama don sabon kundi, Kotun Tsarin Mulki a ƙarƙashin Salifou Fatimata Bazeye ta ba da ra'ayinta ranar 25 ga watan Mayu cewa hanyar ta saɓa wa doka. Washegari ya rusa majalisar dokoki. Ranar 12 ga Yuni kotun ta soke dokar da ya sa wa hannu ta kiran zaɓen. Wannan karon hukunci ne cikakke, kuma aya ta 115 ta kundin ta fito fili: hukuncin wannan kotu ba a ɗaukaka ƙara a kansa, kuma ya hau kan dukkan hukumomi, na farar hula da na soja. Shugaban ya nemi kotun ta janye maganarta, ta ƙi. Ranar 26 ga Yuni ya ɗauki iko na musamman da sunan aya ta 53, ranar 29 ga Yuni ya rusa kotun kanta, ya naɗa wasu alƙalai. Aka yi zaɓe ranar 4 ga Agusta, aka sanar da cewa sama da kashi 92 cikin 100 sun amince, aka haifi jamhuriya ta shida. Wata shida ta yi a duniya. Ranar 18 ga Fabrairu na 2010 sojojin Salou Djibo suka shiga fada da tsakar rana.

Abin da ya biyo baya shi ne darasin. Ana tsare da Tandja ba tuhuma, ba alƙali, sai aka kai kukansa gaban kotun CEDEAO. Ranar 8 ga Nuwamba na 2010 kotun ta ce tsarewar ba ta kan ƙa'ida, ta ba da umurnin a sake shi. Sojoji ba su sake shi ba. Aka cire masa rigar kariya, aka shirya tuhuma, a watan Janairu na 2011 aka mayar da shi gidan kason Kollo. Sai a watan Mayu na 2011, bayan mulki ya koma hannun farar hula, kotun ɗaukaka ƙara ta Yamai ta sallame shi. Mutumin da ya koya wa ƙasa cewa ana iya ture hukunci da ƙafa, shi ne ya kwana wata shida da hukunci a hannunsa ba ya iya buɗe ƙofa da shi. Ba dariya nake yi masa ba, Allah ya jiƙansa. Zalunci aka yi masa a 2010 kamar yadda ya yi wa kotu a 2009. Shi ya sa magabata suka ce in za ka gina ramin mugunta, gina shi gajere.

Kada magoya bayan gwamnatin da ta shuɗe su yi saurin tafi. A watan Janairu na 2022 shugabannin yankinmu suka ƙaƙaba wa Mali takunkumi. Mali ta kai ƙara kotun UEMOA, kuma ranar 24 ga Maris na 2022 kotun ta ba da umurnin a dakatar da takunkumin da ƙungiyar ta sa. Washegari shugabannin CEDEAO suka zauna a Accra suka bar takunkumi yadda yake, ba a ɗage shi ba sai a farkon watan Yuli. Nijar ta Bazoum Mohamed tana cikin ƙasashen da suka toshe kunne. Su suka kafa kotun, su suke biyan alƙalanta, da ta faɗi abin da ba su so sai suka yi kamar ba ta yi magana ba.

Bayan wata 16, ranar 26 ga Yuli na 2023, Bazoum ya wayi gari a tsare cikin fadarsa. A watan Oktoba wani alƙali a Yamai ya ba da umurnin a saki ɗansa, amma yaron bai fita ba sai a watan Janairu na 2024, da izinin kotun soja. Ranar 15 ga Disamba na 2023 kotun CEDEAO ta ce a saki Bazoum da iyalinsa nan take. Ba a sake shi ba. A watan Yuni na 2024 Kotun Ƙasa da sojoji suka kafa ta cire masa rigar kariya, kuma a watan Yuli na 2025 ya cika shekara biyu a tsare ba tare da an yi masa shari'a ba. Duk wanda ya karanta labarin Tandja a sama ya ga hanyar da aka sake bi, taki bayan taki.

Na san amsar da za a ba ni, domin ina jinta a fada-fada da a WhatsApp: kotun CEDEAO ƴar amshin shatar Faransa ce, mu kuma mun karɓi ƴancinmu, har mun fita daga ƙungiyar. To, mu duba kwanan wata. Kafin wannan hukunci, mahukuntan Yamai da kansu sun aika lauyoyi gaban kotun nan suna neman ta ɗage takunkumin da ya hana mu wutar Najeriya, ya rufe iyakoki, ya tsayar da magani da abinci. Ranar 7 ga Disamba na 2023 ta ƙi karɓar buƙatarsu. Da ta ba su gaskiya, da an buga kalangu har asuba, an ce adalci ya yi halinsa. Kwana takwas tsakani, kotun da aka kai wa kuka ta zama kotun da ba a san ta ba. Sanarwar ficewa daga CEDEAO kuwa ranar 28 ga Janairu na 2024 aka yi ta, bayan hukuncin, kuma ba ta tabbata ba sai bayan shekara guda. Ni ma ina ganin takunkumin nan zalunci ne a kan talakan da bai san hawa ba bai san sauka ba. Amma wanda ya shiga kotu da ƙafarsa ya riga ya yarda cewa tana iya ba shi gaskiya, tana iya ba shi rashin gaskiya. Kuma umurnin watan Oktoba, ai alƙalin Nijar ne ya ba da shi, a cikin Yamai. Shi kuma wa ya turo shi?

Wasu kuma su ce tsaro ya fi komai, ƙasa tana cikin yaƙi, ba lokacin takardun lauyoyi ba ne. Yaƙin gaskiya ne, kuma gawarwakin ƴaƴanmu a Tillaberi da Diffa da arewacin Tawa sun ishe mu shaida. Amma idan hukuma tana da hujjar cewa mutum haɗari ne ga ƙasa, gaban alƙali za ta kai hujjar, ta tuhume shi, a yi shari'a. Doka ta ba ta wannan hanya a buɗe. Wanda yake da hujja ba ya gudun zauren shari'a. Akwai kuma masu cewa alƙalan ma ba tsarkaka ba ne, akwai masu karɓar na goro. Akwai su. Maganin gurɓataccen hukunci shi ne ɗaukaka ƙara, maganin gurɓataccen alƙali kuma hukumar ladabtar da alƙalai. In aka ce kowane jami'i shi zai zaɓi hukuncin da ya yi masa ya bi, to an mayar da wanda ake ƙara alƙalin kansa, kuma ba na jin akwai mai yarda a yi masa haka a rigimar gado ko ta fili.

Kada kuma a ce ba a taɓa bi ba, ko ba a iya bi. Hadijatou Mani, ƴar yankin Tawa, an sayar da ita tana shekara 12 a kan jika 240, ta yi shekaru tana wahayya a wani gida a yankin Ƙonni. Da taimakon ƙungiyar Timidria ta kai Nijar gaban kotun CEDEAO. Ranar 27 ga Oktoba na 2008 kotun ta ce ƙasa ta gaza kare ta daga bauta, ta ce a biya ta miliyan 10 na sefa. Gwamnati ta karɓi hukuncin, ta biya. Gwamnatin wa? Ta Tandja, wata takwas kafin ya rusa Kotun Tsarin Mulki. Wannan ya nuna mana ma'aunin da masu mulki suke amfani da shi: hukuncin da bai taɓa kujera ba ana iya binsa har a yi alfahari da shi, wanda ya taɓa kujera kuwa sai a nemo masa rami. Ladabin da ake yi wa doka a ranar da ba ta da tsada ba shi ne abin aunawa ba.

Kuma ramukan nan sanannu ne, domin ba kasafai jami'i yake fitowa ya ce na ƙi ba. Akwai dabarar ƙofar kaso: a buɗe wa mutum, kafin ya taka titi wata mota ta ɗauke shi da sabuwar tuhuma. Maƙwabtanmu na Najeriya sun ga haka da Sambo Dasuki, wanda kotuna suka yi ta ba shi beli, kotun CEDEAO ta ce a sake shi a watan Oktoba na 2016, bai koma gida ba sai Disamba na 2019. Sun ga haka da Sheikh Ibrahim Zakzaky, wanda babbar kotun tarayya ta ce a sake shi cikin kwana 45 a Disamba na 2016, ya zauna har Yuli na 2021. Akwai dabarar ɗaukaka ƙara don cin lokaci. Ɗan jarida Moussa Kaka, da aka kama a watan Satumba na 2007 bisa zargin hulɗa da ƴan tawayen MNJ, alƙali mai bincike ya ce a sake shi a watan Yuni na 2008, ya kuma ce babu abin tuhuma a watan Yuli. Duk sau biyun mai gabatar da ƙara ya ɗaukaka, mutum yana ciki, har ya cika kwana 384. A takarda ba a taka doka ba. A zahiri an ci wa mutum sama da wata uku bayan alƙali ya ce ya tafi gida.

Akwai kuma dabarar da ta fi cin ƙananan mutane, waɗanda sunansu ba ya fita a rediyo: babu kuɗi a kasafin bana. Ma'aikacin da aka kora ba bisa ƙa'ida ba ya ci shari'a, a ce masa ya jira gurbi. Mai gonar da aka karɓe don aikin gwamnati ya ci shari'ar diyya, a ce fayil yana baitulmali. Ɗan kwangilar da ya gina aji ya ci shari'a, a ce ya dawo bayan salla. Dokar OHADA, wadda Nijar take cikinta, ta ɗora wa ƙasa nauyin ba da jami'anta don zartar da hukunci a aya ta 29, amma a aya ta 30 ta hana a kama dukiyar hukumomin gwamnati. Ke nan ƙasa ce mai riƙe da sanda, kuma ita kaɗai ce sandar ba ta hawa. Gyaran da aka yi wa dokar a 2023 ya buɗe ƙofar a tilasta shigar da irin wannan bashi cikin kasafin hukumar da ake bi, idan an yi mata gargaɗi wata uku ba ta biya ba. Ƙofa ce mai kyau, in an sami lauyan da zai ƙwanƙwasa da alƙalin da zai buɗe.

A nan ne nake juyowa kan alƙalai. Yaya kotu take gane an bi umurninta? A ganina tambayoyin ba su da wuya, matuƙar ana son a yi su. In an ce a saki mutum, ina ya kwana daren jiya, gidansa ko wani ɗaki na hukuma? In an ce a biya, nawa ya shiga hannunsa, kuma yaushe? In an ce a buɗe gidan rediyo, yana magana ko jami'an tsaro suna zaune a ƙofa? In an kawo sabuwar tuhuma, yaushe aka buɗe fayil ɗinta, kafin hukunci ko da yammacin ranar da aka yanke shi? In jami'i ya ce ba ya iyawa, me ya gwada ya kasa, ina wasiƙar da ya rubuta, wa ya hana shi? Nauyin kawo hujja a wuyan hukuma ya kamata ya kasance, domin ita ke riƙe da makulli da rajista da asusu. Wasiƙar da ke cewa an ɗauki matakan da suka dace ba hujja ba ce. Alƙalin da ya karɓi irin wannan wasiƙa ya rufe fayil ya sa hannu a kan raina kansa.

Don haka hukunci a kan hukuma ya kamata ya fito da abu uku a rubuce: wane jami'i ne zai aikata, me zai aikata, zuwa wace rana. Sannan a sa ranar dawowa gaban kotu, jami'in ya zo da kansa ya yi bayani a bainar jama'a. Tsarin shari'ar da muka gada daga Faransa ya daɗe yana jin nauyin ba gwamnati umurni kai tsaye. Su Faransawan sun gyara nasu: dokar 1980 ta ba alƙalinsu ikon ɗora wa hukuma tarar kowace rana ta jinkiri, dokar 1995 ta ba shi ikon ce mata yi kaza. Mu da muke cewa mun yar da rigar mulkin mallaka, bai kamata mu riƙe tsummar da masu ita suka jefar ba.

Amma tarar da baitulmali zai biya, wa ta hukunta? Kuɗin harajin mai sayar da albasa a Galmi ne da na mai tuƙa kabu-kabu a Yamai. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Jami'in da ya ƙi bin hukunci da gangan, daga albashinsa ya kamata a cire, kuma sunansa ya shiga takardar aikinsa yadda zai bi shi duk inda aka naɗa shi. A Najeriya, inda ake da laifin raina kotu, wata kotun tarayya ta yanke wa babban sufeton ƴan sanda ɗaurin wata uku a Nuwamba na 2022 saboda ƙin bin wani hukunci. Bai kwana a kaso ba, cikin makonni kaɗan aka janye umurnin. Duk da haka, ranar nan kowane jami'i a ƙasar ya ji cewa takardar alƙali tana iya ɗauke da sunansa shi kansa. Ina kuma ganin alƙalai da ƙungiyar lauyoyi suna iya yin abu guda da ba ya buƙatar izinin kowa: su riƙa fitar da jerin hukuncin da aka yanke a kan hukumomi ba a zartar ba, kowace shekara, da sunan ma'aikatar da kwanan watan. Abin da aka ƙirga a fili yana da wuyar ɓoyewa.

Masu cewa duk wannan tunanin Nasara ne, su koma wurin malamansu. A wasiƙar da Sayyidina Umar ya aika wa Abu Musa al-Ash'ari a kan aikin alƙalanci, ya haɗa fahimtar ƙara da zartar da hukunci wuri guda, ya nuna cewa gaskiyar da ba a aiwatar ba ba ta amfanar mai ita. Malamai kuma suna ba mu labarin Sayyidina Ali, yana halifa, ya tsaya gaban alƙali Shuraihu a kan sulkensa da ya gani a hannun wani wanda ba musulmi ba. Shaidunsa ba su cika ba, alƙali ya ba abokin shari'arsa gaskiya, halifa ya karɓa ya tafi. Yana da runduna, yana da iko, sulken ma nasa ne. Muna jin wannan a wa'azi muna kabbara, mu fito mu tafa wa wanda ya yi akasinsa.

Wannan tafin shi ne tushen ciwon. A 2009 masu tazarce sun yi rawa da aka rusa kotu. A 2010 abokan hamayyarsu sun yi shiru da aka ƙi sakin Tandja. A 2022 wasu sun ce Mali ta ji a jikinta. A 2023 wasu sun ce Bazoum ya ɗanɗana. Kowane rukuni ya sami ranar dariyarsa, kuma kowane ya sami ranar kukansa, ban da waɗanda tasu ranar ba ta zo ba tukuna. Talakan da ya ga manya suna taka hukunci kuwa ya koyi nasa darasin: ya daina kai ƙara, ya koma neman wanda ya sani a sama, ko ya ɗauki sanda ya tafi gonar da ake rigima a kanta. Rigimar manomi da makiyayi da ta ƙare da jini, sau da yawa daga nan take farawa, daga yanke ƙauna cewa takardar alƙali tana da amfani.

Ga waɗanda ke riƙe da mulki yau, da waɗanda ke jiran nasu lokaci, ba na roƙonku ku so alƙalai. Ku dubi Tandja a Kollo, ku dubi Bazoum a ɗakin da aka rufe shi, ku tambayi kanku me ya rage wa mutum ranar da masu gadinsa suka juya masa bindiga. Lauya ne da takarda mai hatimi. Darajar da takardar nan za ta yi a ranar taku, ku ne kuke yanke ta yau da yadda kuke yi da ta wasu.